Gani Ya Kori Ji: Yadda Aka Gina Shirin See It Now Da Abin Da Ya Kashe Shi

Ranar Lahadi 18 ga Nuwamba 1951, masu kallon tashar CBS a Amurka suka ga wani mutum zaune cikin ɗakin sarrafa na'urori a birnin New York, ga allunan talabijin biyu a gefensa. Ya ce a nuna masa gabas, sai gadar Brooklyn ta bayyana a allo ɗaya. Ya ce a nuna masa yamma, sai ga gaɓar San Francisco da gadar Golden Gate a ɗaya allon. Tsakanin wuraren biyu akwai tazarar fiye da kilomita 4,000, kuma hotunan duka kai-tsaye suke zuwa. A watan Satumba na shekarar ne kamfanin waya na AT&T ya buɗe layin hasumiyoyin da ke miƙa wa juna hoto daga wannan gaɓar teku zuwa waccan, saboda haka mutumin da ke zaune a falonsa yana kallon tekuna biyu lokaci guda bai taɓa ganin irin wannan ba. Mutumin da ke magana shi ne Edward R. Murrow, shirin kuwa See It Now, wato Gani Yanzu. A ranar farkon ya faɗa wa masu kallo cewa su tsofaffin ma'aikata ne da ke ƙoƙarin koyon sabuwar sana'a.

Gaskiya ya faɗa, don shi da abokin aikinsa Fred W. Friendly mutanen rediyo ne. Murrow ya yi suna da rahotannin da yake aikawa daga Landan lokacin da jiragen Jamus ke ruwan bama-bamai a kanta a Yaƙin Duniya na Biyu. A 1948 su biyun suka tattara muryoyin shugabanni da na manyan abubuwan da suka faru daga 1933 zuwa 1945 a kan faifan garmaho mai suna I Can Hear It Now, aka saye shi fiye da yadda kowa ya zata. Daga faifan aka samu shirin rediyo na mako-mako, Hear It Now, wato Ji Yanzu, a ƙarshen 1950. Bai cika shekara ba aka ɗauke shi zuwa talabijin, aka cire kalmar ji daga sunan aka sa ta gani. Don mai karatu ya gane nisan zamanin: shirin ya yi rayuwarsa ya mutu kafin a kunna tashar talabijin ta farko a Najeriya, wadda aka buɗe a Ibadan a 1959, balle ta Kaduna da ta zo a 1962.

Labaran talabijin na lokacin minti 15 ne. A CBS Douglas Edwards ke karantawa, a NBC John Cameron Swayze, a wani shiri da kamfanin sigarin Camel ke ɗaukar nauyi har sunansa ke jikin shirin. Hotunan da suke sawa yawanci saye ake yi daga kamfanonin da ke yin gajerun finafinan labarai na gidajen silima, irin waɗanda dattawanmu suka sani a majigi: shugaba na sauka daga jirgi, ana yanka ƙyalle, 'yan mata na gasar ado, ga kiɗa a ƙasa, ga wani mai ƙatuwar murya yana faɗa maka abin da za ka ji a ranka. Fitaccen cikinsu, The March of Time, har 'yan wasa yake sawa su kwaikwayi abin da kyamara ba ta samu ba. Murrow da Friendly suka ƙi wannan hanya. Ma'aikatansu ne za su ɗauko hoton da za a nuna, ba a gwada hira kafin a ɗauka, ba a sa wa mutum maganar da zai faɗa a baki, ba a lulluɓe hoto da kiɗa. Abin da ke da sauƙin faɗa ke nan, amma da kayan aikin 1951 kowace ɗaya daga cikin waɗannan ƙa'idoji tana da tsadarta.

Zaren fim, almakashi da fensir

Babu kaset ɗin bidiyo a lokacin. Kamfanin Ampex bai nuna na'urarsa ta naɗar hoto a kaset ba sai a watan Afrilu 1956, kuma CBS ba ta fara amfani da ita a labarai ba sai ƙarshen Nuwamba na shekarar. Duk abin da ba kai-tsaye ba, to a zaren fim yake. Zaren iri biyu ne: mai faɗin milimita 16, wanda kyamararsa ba ta da nauyi kuma yana da araha, da mai milimita 35, na gidajen silima. Masu See It Now suka zaɓi na biyun, saboda akwatin talabijin na lokacin yana cinye kyan hoto, in ka fara da hoto mai rauni abin da zai isa gidan mutane hazo ne.

Ga lissafin abin da suka ɗora wa kansu. Fim yana tafiya da hoto 24 a kowace daƙiƙa. A zaren milimita 35 hoto 16 ne ke cikin ƙafa ɗaya, wato kyamara na cin ƙafa 90 a minti. Babban gwangwanin da ake ɗora mata ƙafa 1,000 yake ɗauka, minti 11 da 'yan daƙiƙoƙi ke nan. Na milimita 16 kuwa ƙafa 36 kacal yake ci a minti. To a ɗauka wakili na hira da wani manomi da bai taɓa ganin kyamara ba. Minti goman farko duk a ɗarare yake, yana gyara wuyan riga, yana kallon fitila. Daidai lokacin da bakinsa ya buɗe ya fara faɗin abin da ke ransa, zare ya ƙare, sai a tsaya a canja gwangwani, kafin a gama ya koma gidan jiya. Wannan ya sa gwanin wakili ke zama da mutum ya yi ta hira da shi kafin a kunna komai, ya kuma ajiye tambayar da ta fi nauyi zuwa farkon sabon gwangwani. Sannan ga kyamarar kanta da ƙafafunta, ga akwatin da ake rufe ta a ciki don ƙarar injinta kada ta shiga makirufo, ga fitilu masu zafi da kan ja wuta fiye da ƙarfin wayar gidan talaka. Ba aikin mutum ɗaya ba ne: mai kyamara daban, mai sauti daban, mai fitila daban, wakili daban.

Sauti ya fi hoto wahala. Idan aka naɗi murya a jikin zaren da ke ɗauke da hoto, ba a gefen hotonta take zama ba, tana gaba da shi da kusan hoto 20 a milimita 35, ko 26 a milimita 16, saboda wurin karanta sauti a majigi dabam yake da tagar da haske ke bi. Ka sa almakashi inda hoto ya dace, ka yanke rabin kalma. Maganin shi ne a raba su, hoto a zarensa, murya a nata, a haɗa su a ɗakin tacewa. Wannan ne amfanin allon nan mai baki da ake tafawa a gaban kyamara: mai tacewa ya nemo hoton da bakin allon ya rufe, ya nemo ƙarar a zaren sauti, ya daidaita su, daga nan su tafi tare. Aka kuskure da hoto biyu ko uku, leɓe zai riga murya ko ta riga shi, mai kallo kuma zai daina sauraron magana ya koma kallon baki.

Raba hoto da sauti shi ne kuma ya ba mai tacewa ikon da za mu dawo kansa. Zai iya cire minti uku daga tsakiyar jawabin mutum, ya rufe wurin yankan da hoton masu sauraro ko na hannun mai maganar, kunne ba zai ji komai ba.

Bayan ɗauka sai a kai gwangwani filin jirgi, jirage kuma masu farfela ne, suna yada zango a hanya. A New York a wanke zare a ɗakin duhu, a buga kwafin aiki, a kalle shi a na'urar Moviola, a yanka, a liƙa da gam. Daren shiri a ɗora shi a majigin da ke haska hoton cikin kyamarar talabijin. Nan ma da sauran rina a kaba, don talabijin ɗin Amurka hoto 30 yake nunawa a daƙiƙa, kowanne rabi biyu, wato 60, fim kuwa 24. Sai majigin ya riƙe hoto ɗaya na tsawon rabi uku, na bayansa rabi biyu, haka har ƙarshe, lissafi ya fita daidai. Murrow kuwa kai-tsaye yake karanta bayaninsa a kan fim ɗin da ke gudu. Majigi na buƙatar 'yan daƙiƙoƙi kafin ya kai cikakken gudu, don haka darakta Don Hewitt sai ya ba da umarnin a kunna tun Murrow bai ƙarasa jimla ba. Friendly kan durƙusa kusa da ƙafar Murrow inda kyamara ba ta gani, ya taɓa shi da fensir idan lokacin shigarsa ya yi. In liƙi ɗaya ya ɓalle cikin majigi, ba a da abin nunawa sai fuskar mai gabatarwa. Tashoshin da layi bai kai gare su ba kuwa kwafi ake aika musu, wanda aka samu ta hanyar kafa kyamarar fim a gaban allon talabijin. Irin waɗannan kwafi masu dishi-dishi su ne yawancin abin da ya rage na shirye-shiryen wancan zamani.

Wuri na farko da wannan wahala ta biya kuɗinta a fili shi ne Koriya. A ƙarshen Disamba 1952 aka nuna shiri na awa guda da Murrow da ayarin wakilai suka ɗauko a bakin daga lokacin Kirsimeti. Ba su bi janar-janar da taswira ba. Kyamara ta tsaya kan ƙananan sojoji cikin ramuka da sanyi, kowa na faɗin sunansa da garinsu, ana kiran sunayen waɗanda za su fita sintiri da dare. Uwa a wani ƙauyen Amurka ta ga irin ramin da ɗanta ke kwana.

Wa ke biya

A talabijin ɗin Amurka na farkon shekarun 1950, kamfani ɗaya ne ke sayen lokacin shiri gaba ɗaya, ya zama shi ne ubangidan shirin. Na See It Now shi ne Alcoa, mai narka alminiyam. Ba tukunya yake son sayar wa matan gida ba. A 1945 kotu ta same shi da laifin mamaye kasuwar alminiyam shi kaɗai, yana kuma neman abin da zai wanke masa suna a idon 'yan boko da 'yan majalisa. Shiri mai mutunci wanda masu faɗa a ji ke kallo ya fi masa amfani a kan mai tara jama'a. Murrow ba ya karanta talla, kamfanin kuma bai sa baki a abin da za a nuna ba. Haka aka yi shekara huɗu. Shirin ya tashi daga yammacin Lahadi ya koma daren Talata da ƙarfe 10:30 a 1953, lokacin da mutane ke gida. Sai dai duk 'yancin nan a wuyan mutum biyu yake rataye: shugaban Alcoa da mai CBS, William S. Paley. Ranar da ɗayansu ya gaji, magana ta ƙare.

Murrow ya san haka. A watan Oktoba 1953 ya fara wani shiri daban, Person to Person, inda yake zaune da sigarinsa yana hira da taurarin fim da mawaƙa daga gidajensu. Wannan ya fi See It Now masu kallo da kawo kuɗi nesa ba kusa ba, kuma shi ne garkuwar da ke kare ɗan'uwansa a ofishin manya.

Laftanar ɗin Dexter

Zamanin farautar 'yan kwamanisanci ne. Tun Fabrairu 1950 Sanata Joseph McCarthy na jihar Wisconsin ya tsaya a garin Wheeling ya ce yana riƙe da sunayen 'yan kwamanis da ke aiki a ma'aikatar harkokin waje. A watan Yuni na shekarar aka buga wani ɗan littafi mai sunayen mutum 151 na rediyo da talabijin da ake zargi, da yawansu aiki ya gagare su daga nan. Ita kanta CBS ta sa ma'aikatanta cika takardar rantsuwar biyayya ga ƙasa. Shekara biyu See It Now na kewaye wannan batu, har abokan Murrow suka fara yi masa gori.

Da suka tashi shiga, ba ta kan sanatan suka fara ba. Murrow ya ga wani labari a jaridar Detroit News game da Milo Radulovich, laftanar a rundunar ko-ta-kwana ta sojan sama, ɗalibi a Jami'ar Michigan, mazaunin ƙaramin garin Dexter. Rundunar ta ce ba ta shakkar biyayyarsa, amma za ta sallame shi don yana hulɗa da mutum biyu da ake zargi: mahaifinsa, baƙo daga yankin Yugoslabiya da aka ce yana karanta wata jaridar masu ra'ayin gurguzu, da 'yar'uwarsa. Hujjar tana cikin ambulan da aka liƙe, ba a buɗe wa shi ko lauyansa ba. Aka tura wakili Joe Wershba da mai kyamara Charlie Mack. Suka ɗauko laftanar ɗin, da matarsa, da tsohon yana karanta wasiƙar da ya rubuta wa shugaban ƙasa da gurguwar Turancinsa, da maƙwabta. Rundunar ta ƙi magana a gaban kyamara.

A nan ne aka sami matsalar da har yau ke damun masu irin wannan aiki. Ƙa'idar CBS ita ce a ji ɓangare biyu, hukumar sadarwa ta ƙasar ma tun 1949 ta ɗora wa tashoshi nauyin ba ra'ayoyi mabambanta dama. To idan ɓangare ɗaya ya yi gum, shiru ɗinsa ya isa ya kashe labari? Murrow ya ce bai isa ba. Ya nuna abin da ke hannunsa ranar 20 ga Oktoba 1953, ya faɗa wa masu kallo cewa an nemi rundunar ta ƙi, ya yi mata tayin lokaci, ya rufe da cewa ɗa ba ya ɗaukar laifin uba ko da an tabbatar da laifin, a nan kuwa ba a ma tabbatar ba. CBS ta ƙi tallata shirin, shi da Friendly suka haɗa dala 1,500 daga aljihunsu suka sayi fili a jaridar New York Times. Bayan mako biyar sakataren rundunar sojan sama, Harold Talbott, ya bayyana a shirin da kansa ya ce an mayar wa Radulovich muƙaminsa.

Daren 9 ga Maris 1954

Kafin wannan dare, wani mai bincike na McCarthy ya riga ya tare Wershba ya nuna masa tsohuwar jarida ta 1935 da ke danganta Murrow da wani shirin musayar ɗalibai da Mosko. Saƙon a fili yake. Ma'aikatan shirin kuwa sun daɗe suna tara duk wani fim da ke ɗauke da sanatan. Kafin a nuna shirin, aka tara kowa aka tambaya ko akwai mai wani abu a tarihinsa da za a iya amfani da shi a rusa aikin.

Tsarin rabin awar mai sauƙi ne. A nuna McCarthy yana faɗin abu, Murrow ya karanto abin da takarda ta ce, a koma kan McCarthy. Aka nuna shi yana dariyarsa mai ban tsoro, yana yin kamar bakinsa ya suɓuce ya kira ɗan takarar shugaban ƙasa Adlai Stevenson da sunan wanda aka zarga da leƙen asiri. Aka nuna shi yana tsare Reed Harris, jami'in gwamnati, da tambayoyi kan littafin da ya rubuta shekara 20 da suka wuce, yana cewa ƙungiyar kare 'yancin jama'a da ta ba shi lauya tana cikin jerin ƙungiyoyin da gwamnati ta sa wa ido. Murrow ya ce ba ta cikin jerin babban lauyan gwamnati, ba ta cikin na hukumar FBI. A mintocin ƙarshe ya kalli kyamara ya yi sharhi tsagwaronsa: kada a ɗauki saɓanin ra'ayi a matsayin cin amanar ƙasa, zargi ba hujja ba ne, kuma sanatan ba shi ya ƙirƙiri tsoron ba, tarar da shi ya yi ya ci moriyarsa. Tallar wannan dare ma su suka biya, babu tambarin CBS a jikinta.

Waya da telegiram suka yi ta shigowa, mafi rinjaye na goyon baya. McCarthy ya karɓi tayin mayar da martani, aka nuna nasa fim ranar 6 ga Afrilu, CBS ta biya kuɗin yin sa. Ya zauna a tebur fuska cike da hoda, ya kira Murrow jagoran garken diloli, bai taɓa ko ɗaya daga cikin abubuwan da aka nuna ba.

Ana yawan cewa wannan shiri ne ya kayar da McCarthy. An zuzuta. Sanata Margaret Chase Smith ta soke shi a zauren majalisa tun Yuni 1950. Mai zanen barkwanci Herblock da marubuci Drew Pearson sun yi shekaru suna fama da shi. A ranar da aka nuna shirin ma, Sanata Ralph Flanders na jam'iyyarsa ya caccake shi a majalisa. Abin da ya ƙarasa shi zaman sauraron rikicinsa da rundunar soja ne, daga 22 ga Afrilu zuwa 17 ga Yuni 1954, wanda tashoshin ABC da DuMont suka nuna kai-tsaye kwana da kwanaki, ba almakashin kowa a ciki. Ranar 2 ga Disamba Majalisar Dattawa ta tsawata masa da ƙuri'a 67 da 22. Abin da za a ba See It Now shi ne cewa ya yi abin a talabijin, gidan da ya fi kowane tsoron masu talla, kuma bayan an wayi gari rufin bai faɗo ba.

Akwai kuma sukar da ta fito daga masu ƙin McCarthy kansu, wadda ta fi ta magoya bayansa nauyi. Mai sharhi Gilbert Seldes ya ce tayin martani ba adalci ba ne na gaske, don ɓangare ɗaya na da gwanayen tacewa da tarin fim na shekaru, ɗayan kuwa bai iya sana'ar ba. Yau an juya makamin kan wanda ya cancanta, gobe fa? Mako ɗaya bayan nan aka ga inda haɗarin yake. Shirin 16 ga Maris ya nuna Annie Lee Moss, baƙar fata, bazawara, ƙaramar ma'aikaciya a sashen sadarwa na soja, a gaban kwamitin McCarthy. Aka tambaye ta ko ta san Karl Marx ta ce wane ne shi, ɗaki ya fashe da dariya. Duk wanda ya kalla ya tashi da yaƙinin an kama wata ne a madadin wata mai irin sunanta. A 1958 wata hukumar gwamnati ta ce takardun jam'iyyar kwamanis na ɗauke da wannan suna da adireshin da ya yi daidai da nata, masana tarihi kuma sun ci gaba da jayayya a kai. Abin da Murrow ya tsaya a kai, cewa tana da haƙƙin ganin mai zarginta da hujjarsa, yana nan daram. Amma hoton ya faɗi abin da ya wuce haka, kuma hoton mutane suka riƙe.

Farashin rabin awa

Shirin bai tsaya kan siyasar Washington ba. Kwana takwas bayan Kotun Ƙoli ta haramta raba makarantun farare da baƙaƙe a watan Mayu 1954, ya nuna yadda garuruwa biyu na kudu suka karɓi hukuncin. A Janairu 1955 ya yi doguwar hira da J. Robert Oppenheimer, jagoran ƙera bam ɗin nukiliya, wanda gwamnati ta janye wa izinin ganin sirrinta. A tsakiyar 1955 ya yi kashi biyu kan alaƙar sigari da sankarar huhu, a masana'antar da kuɗin kamfanonin taba ke riƙe da ita, daga bakin mutumin da sigari ba ya barin yatsunsa, wanda kuma cutar ce ta kashe shi a 1965. A watan Mayu 1956 ma'aikatan shirin ne suka raka mai busa ƙaho Louis Armstrong zuwa Accra, Kwame Nkrumah na cikin masu sauraro, ƙasa da shekara guda kafin Ghana ta sami 'yanci.

A 1955 Alcoa ya janye. Ya fara sayar da kayan gida kai-tsaye ga jama'a, yana son shiri mai tara mutane, ga shi kuma an yi wani shiri kan badaƙalar filaye a Texas, jihar da kamfanin ke da harkoki. Amma babban dalilin mutuwar shirin lissafi ne. A 1950 gida 9 cikin 100 ne ke da talabijin a Amurka, zuwa 1955 sun kusa kashi biyu cikin uku. Rabin awar da a da ake neman mai saye ta zama zinariya. Ranar 7 ga Yuni 1955, daf da See It Now, CBS ta fara wani shirin kacici-kacici mai suna The $64,000 Question, kamfanin kayan kwalliya na Revlon ke biya. Friendly ya ba da labarin cewa suna kallonsa Murrow ya juyo ya tambaye shi ko zai yi caca kan tsawon lokacin da ya rage musu a wannan gurbi. Cikin 'yan makonni kacici-kacicin ya zama na ɗaya a ƙasar, gurbin da ke bayansa kuma ya fi ƙarfin shirin da ke korar masu kallo da masu talla. Aka cire See It Now daga jerin mako-mako, aka mai da shi na awa guda jefi-jefi, daga baya aka tura shi yammacin Lahadi. Masu ba'a suka ƙara wa sunan kalmomi, ya koma gani yanzu da wani lokaci.

Tsawon awa ya ba su damar zurfafawa, irin shirin 1957 kan rikicin haɗa makaranta a garin Clinton na jihar Tennessee. Sai dai kowane shiri na jawo mai neman a ba shi lokacin ramuwa, kuma lokacin kyauta ne daga aljihun CBS. A 1956 sakataren noma Ezra Taft Benson ya samu, bayan wani shiri kan halin ƙananan manoma. A 1958 aka yi shiri kan mayar da Alaska da Hawaii jihohi, wani ɗan majalisa daga New York, John Pillion, ya nemi nasa, kamfanin ya ba shi ba da yardar Murrow ba. Murrow da Friendly suka je wurin Paley. A ruwayar Friendly, Paley ya ce ba ya son ciwon cikin da ke kama shi duk lokacin da suka taɓo batu mai zafi, Murrow ya ce ai ciwon na cikin aikin. Shiri na ƙarshe, kan Jamus bayan yaƙi, ya fita ranar 7 ga Yuli 1958. A watan Oktoba Murrow ya tsaya gaban taron shugabannin sassan labarai a Chicago ya ce in ba a yi amfani da wannan na'ura wajen ilmantarwa ba, to wayoyi ne kawai da fitilu cikin akwati. Jawabin ya ƙara ɓata tsakaninsa da Paley.

Kafin shekarar ta ƙare asirin shirye-shiryen kacici-kacici ya tonu, aka gano ana ba wasu 'yan takara amsa a ɓoye, aka soke The $64,000 Question. Tashoshi suka fara karɓe ikon shirye-shirye daga hannun ubangida ɗaya suna sayar da talla minti-minti, suka kuma shiga neman abin wanke fuska, kamar dai Alcoa a 1951. A Oktoba 1959 CBS ta buɗe CBS Reports, Friendly ne shugaba, Murrow kuwa ɗaya daga cikin masu gabatarwa kawai. A ƙarƙashinsa ya yi Harvest of Shame a Nuwamba 1960, kan 'yan ci-ranin da ke girbe gonakin Amurka cikin yunwa. Hewitt, daraktan ranar farko, shi ya ƙirƙiro 60 Minutes a 1968. Murrow ya bar CBS a farkon 1961 ya karɓi shugabancin hukumar yaɗa labaran gwamnatin Amurka a ƙasashen waje, wadda Muryar Amurka ke ƙarƙashinta a lokacin, a gwamnatin John F. Kennedy. Bai daɗe a kujerar ba ya ji BBC za ta nuna Harvest of Shame a Birtaniya, ya ɗaga waya ya roƙi a fasa. BBC ta nuna, labarin roƙon ya fita a jaridu, Murrow ya amsa cewa abin da ya yi wauta ce kuma aikin banza.